Me ya sa zanen da muka yi tare da jama'a ya zama maraya?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina aiki da wata ƙungiyar matasa. Mun samu tallafi, muka ɗauko ƙwararren mai zane ya ƙawata bangon wani dandali, muka gayyaci mazauna unguwar, har yara suka riƙe burushi, aka yi bikin ƙaddamarwa. Ko shekara ba a rufa ba, an lulluɓe zanen da takardun talla, fentin ya fara ɓarewa, kuma babu wanda ya damu. A ina muka kuskure?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Tambayarki ta taɓa ni, domin na sha tsayawa gaban bango irin naku ina jin ciwon wahalar da aka zuba a kansa. Kafin komai, ina so ki tuna ranar da kuka fara zama da mutanen unguwar, ki tambayi kanki abin da ya rage ba a yanke ba a wannan rana. Idan an riga an zaɓi bangon, an zaɓi mai zanen, an tsayar da jigo da ranar biki, to abin da kuka kai musu sanarwa ce, ko da kun kira ta shawara.

Na halarci irin wannan zama. Mai zane ya shimfiɗa babbar takarda a kan tebur, hoton ya kammala har da launuka, ya ce kowa ya faɗi ra'ayinsa. Aka yi shiru. Wata dattijuwa ta sa yatsa a gefen takardar ta tambaya ko za a gyara fitilar da ke kusa da bangon, aka ce mata wannan ba ya cikin kasafin aikin. Daga nan ba ta sake magana ba, kuma a ganina tun a wannan lokaci aikin ya rasa mai shi. A 1969 wata masaniya Ba'amurkiya, Sherry Arnstein, ta kwatanta shigar da jama'a cikin harkokin da suka shafe su da tsani mai matakala 8, inda ta sanya sanarwa da tuntuɓa da lallashi a tsakiya, ta ce duk na ganin ido ne matuƙar ikon yanke hukunci bai bar hannun masu shiryawa ba. Yaron da aka ba burushi ya cike gurbin da wani ya zana masa ya ji daɗi, babu shakka, amma jin daɗin yini ɗaya ba ya sa mutum ya tsare abu shekara goma.

Shahararren misali a wannan fanni shi ne katangar ƙarfe ta ado da mai fasaha Ba'amurke Richard Serra ya kafa a 1981 a wani dandali na ofisoshin gwamnatin tarayya a birnin New York, mai suna Tilted Arc. Tsawonta ƙafa 120 ne, tsayinta ƙafa 12, kuma ta ratsa tsakiyar filin da ma'aikata ke bi kullum, sai sun zagaye ta kafin su shiga ofis. Ba a yi zaman jin ra'ayin jama'a ba sai a 1985, bayan shekara 4 ana guna-guni. A zaman, mutum 122 suka ce a bar ta, 58 suka ce a cire, amma kwamitin da ya jagoranci zaman ya yanke a cire. Serra ya dage cewa an yi aikin ne domin wannan fili kaɗai, saboda haka ɗauke shi daidai yake da rushe shi, ya kai ƙara kotu bai yi nasara ba, aka yayyanka katangar aka kwashe a watan Maris na 1989. Ba na cikin masu cewa aikin ba shi da daraja. Abin da ya kashe shi shi ne an nemi jin ta bakin masu amfani da filin ne bayan zukata sun riga sun ɓaci, ihu bayan hari.

Sai dai akwai wani misalin da ya fi wannan damuna, domin mai aikin ya yi kusan duk abin da muke cewa a yi. John Ahearn ya yi shekaru yana zaune a kudancin Bronx, wani yanki na birnin New York, yana ƙera mutum-mutumin maƙwabtansa da yardarsu. A 1991 aka kafa mutum-mutuminsa guda 3 na tagulla a gaban wani ofishin 'yan sanda: wani matashi da karensa, wani riƙe da ƙwallo da babbar rediyo, da wata yarinya sanye da takalmin taya. Waɗanda aka siffanta sun yarda, kwamitin unguwa ma ya amince. Amma wasu mazauna yankin da wasu ma'aikatan birnin suka ce wannan shi ne ainihin hoton da ake yi wa baƙaƙen fata kallon raini da shi, balle a ƙofar 'yan sanda. Bayan kwana 5 Ahearn da kansa ya sa aka sauke su.

Darasin da nake ɗauka daga nan shi ne kalmar "al'umma" tana ruɗar mu. Babu unguwar da ke magana da baki ɗaya. Akwai masu gida da 'yan haya, akwai tsofaffi da matasa, akwai wanda ke da lokacin zuwa taro da wadda aiki ko reno ya hana ta. Masu halartar taro galibi su ne waɗanda suka saba halarta, kuma amincewarsu ba ta wakiltar mai sana'ar da ke wuni a gindin bangon. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, to amma ɗakunan suna da yawa, kuma wajibi ne a bi su ɗaya bayan ɗaya.

Abu na gaba shi ne tsarin tallafin kansa. Mai ba da kuɗi yana son rahoto a ƙarshen wa'adi, yana son adadin mahalarta da hotunan biki, don haka duk ƙarfin aiki yakan ƙare a ranar ƙaddamarwa. Alhali fenti yana koɗewa a rana, danshi yana ɓare shi idan ba a gyara bangon da kyau ba tun farko, kuma da wuya ka ga kasafin da ya ware kuɗin gyara ko ya ambaci wanda gyaran ya rataya a wuyansa.

Ayyukan da suka ɗore sun ɗauki lokaci. A 1993 Rick Lowe da wasu abokansa masu fasaha suka karɓi tsofaffin gidaje 22 da aka yi watsi da su a wata unguwar baƙaƙen fata a birnin Houston na Amurka, suka gyara su tare da mazauna wurin, wasu suka zama wuraren baje kolin zane, wasu kuma masaukin matasan iyaye mata masu reno su kaɗai. Aikin, mai suna Project Row Houses, yana nan har yau, domin masu shi ba su tafi ba bayan biki. A Jamus kuma, mai fasaha Joseph Beuys ya jibge duwatsu 7,000 a wani dandalin birnin Kassel a 1982, da sharaɗin ba za a ɗauke dutse ba sai an dasa itace an kafa dutsen a gefensa. Da farko mutane da yawa sun ƙi jinin tulin, amma dashen ya ci gaba har 1987, bayan rasuwar Beuys da shekara guda.

Game da bangonku, shawarata kada ku yi gaggawar sabunta fentin. Ku fara neman masu liƙa takardun tallan ku saurare su, domin mai yiwuwa bangon allon sanarwarsu ne tun kafin ku zo, kuma ba a tanadar musu wani wurin ba. Ku je wurin a lokuta dabam-dabam, da safe da yamma da dare, ku ga su wa ke zama a can. Sannan ku kira zama ba tare da wani zane a hannunku ba, ku faɗi adadin kuɗin da ya rage, ku bar wa mutanen zaɓi na gaskiya, har da zaɓin a shafe zanen gaba ɗaya. Idan suka zaɓi a gyara shi, a rubuta sunan wanda zai ajiye ragowar fentin da wanda za a kira idan ya sake ɓarewa kafin a tashi daga zaman.