Tambaya da Amsa: Muna da jama'a amma ba a jin maganarmu

TAMBAYA: Assalamu alaikum Baba. Ni matashi ne daga Gadarif a ƙasar Sudan, tun da yaƙi ya ɓarke a Afrilun 2023 mu samarin unguwa muke riƙe da takiyya, wato wurin dafa abincin sadaka, muna dafa wa 'yan gudun hijira ful da adas (nau'o'in wake ne), kuɗin kuma 'yan uwa na Saudiyya ke turowa ta Bankak, manhajar banki ta waya. Amma in mun je mahaliyya, wato ƙaramar hukuma, kan maganar ruwa sai ace mu dawo gobe, dattawanmu kuma kallon yara suke mana. Dan Allah ta ina zamu fara?

AMSA: Wa alaikumus salam ɗana, Allah ya saka muku da alheri, wallahi aikin nan ba ƙarami bane.

Toh ku fara da littafi. Duk kuɗin da ya shigo da wanda ya fita a rubuta, buhu nawa aka saya, gida nawa suka ci, ran Juma'a bayan sallah a karanta wa jama'a kowa yaji da kunnensa. Ma'aikacin mahaliyya in kazo masa da kuka zai baka haƙuri ne kawai, amma in ka ajiye masa takarda mai cewa ga adadin gidajen da basu da famfo, ga abin da mata ke biyan mai karo (mai sayar da ruwa a keken jaki) kan ganga ɗaya, ga sa hannun masu gida, ka kuma nemi ya buga hatimi a kwafinka da kwanan wata, to gobensa ta samu iyaka. Kuma ku binciki wanda maganar ruwa ke hannunsa tukuna, sau da yawa ofishin ruwa na jiha ne, kuna can kuna layi a ƙofar da ba ita ba.

Su dattawa kar ku tsallake su. Tsohon shugaban ƙasa Numeiri ya soke mulkin gargajiya a farkon shekarun 1970 amma har yau umda da shehu, masu sarautar gargajiya, ake kira in magana ta taso. Ku kai musu takardar har gida, su shige gaba, ku riƙe lissafin.

Abin da yafi damuna shi ne lajana, wato kwamiti, da mutum ɗaya ya iya komai, ranar da ya tafi Port Sudan shikenan ta watse. Kowane aiki a sa mutum biyu, kuma a sa 'yan mata, iyayenku mata shekara da shekaru suna riƙe adashi ba a taɓa jin kuɗi sun ɓata ba.

In littafin ya yi wata shida tsaf, sai ku gwada haɗa riɗin ƙananan manoma ku kai kasuwar amfanin gona tare, maimakon kowa ya sayar wa dillali a bakin gona.