Ku Tambayi Anti: Yini Guda a Kufan Mayawa da Rijiyoyin Yukatan

TAMBAYA: Assalamu alaikum Anti. Ni ma'aikaciyar jinya ce a Atlanta. In Allah ya yarda, a hutun watan Afrilu za mu je Kankun a ƙasar Meziko, ni da maigida da yaranmu biyu, ɗan shekara 11 da 'yar shekara 7, sai surukata da ta zo mana ziyara daga Katsina, wadda ke fama da ciwon gwiwa. Muna ganin tallar yawon yini guda: a ɗauke ku daga otal, a kai ku Cicen Itza, ku yi iyo a wata rijiya, a ba ku abincin rana, a ratsa wani gari, a dawo da ku da dare. Farashin wasu bai kai rabin na wasu ba. Ya cancanci kuɗin? Wanne za mu ɗauka? Ya batun abinci da sallah, kuma me zan sa idan ina son shiga ruwan? Daga Maman Yara, Atlanta.

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanwata. Allah ya kai ku lafiya, a gaida min Hajiya.

Cicen Itza, kufan wani tsohon birni na Mayawa, 'yan asalin yankin, ya cancanci a je, amma ki san abin da kike saye tukuna. Daga Kankun zuwa Cicen Itza kilomita kusan 200 ne, ki ce tafiyar Kano zuwa Kaduna saura kaɗan, sa'a biyu da rabi a babban titin da ake biyan kuɗi. Sai dai bas ɗin ba daga ƙofarku zai miƙe ba. Sai ya bi otal-otal yana kwasar mutane, wanda ya makara a tsaya jiransa. Za a ce ku fito ƙarfe shida ko bakwai na safe, ku dawo takwas ko tara na dare. A cikin wannan dogon yini, abin da za ku yi a kufan da kyar ya wuce sa'a biyu, ruwa kuwa sa'a ɗaya idan an yi muku adalci. Ragowar duk zaman kujera ne.

Don haka tambayar da za ki yi wa kowane kamfani ɗaya ce: ƙarfe nawa za mu shiga ƙofar Cicen Itza? Ana buɗewa ƙarfe takwas. Manyan bas-bas kuwa sai wajen sha ɗaya zuwa sha biyu suke sauke mutane, daidai lokacin da rana ta take, ga filin fetal babu inuwar kirki, ga Afrilu da Mayu su ne tsakiyar zafin yankin. Masu arhar nan, abin da ke sa su makara shi ne sai sun fara tsayawa da ku a shagon kayan tsaraba, wani lokaci har da ɗanɗanon barasar takila, domin suna da kasonsu a duk abin da kuka saya. Sannan da yawansu ba sa haɗa kuɗin shiga a farashin da suke tallatawa. Kuɗin kashi biyu ne, ɗaya na hukumar kula da kayan tarihi ta tarayya, INAH, ɗaya na gwamnatin jihar Yukatan, kuma na baƙo ya fi na ɗan ƙasa nesa ba kusa ba. Ni kaina wani kamfani ya taɓa bari sai da muka yi nisa a hanya sannan yaron motar ya bi kujera-kujera yana karɓar dala a hannu, a kan canjin da shi ya yanka wa kansa. Ki sa su rubuta miki: kuɗin shiga, rigar ceto, akwatin ajiyar kaya, abin sha, duk suna ciki ko babu.

Wani abu da ke rikita mutane shi ne agogo. Kankun tana jihar Kintana Ro, wadda ke gaban jihar Yukatan da sa'a ɗaya. Wayarki za ta sauya da kanta a hanya, agogon hannun maigida ba zai sauya ba. Idan ɗan jagora ya ce a haɗu a mota ƙarfe ɗaya, ki tambaye shi ɗaya na ina. Amma bambancin nan riba ce gare ku da safe: wanda ya bar Kankun ƙarfe shida da rabi a ƙaramar mota, bai tsaya kwasar kowa ba, zai isa daidai buɗe ƙofa. Ku guji Lahadi, ranar ce 'yan ƙasa ba sa biyan kuɗin shiga, cinkoson ya fi na kullum.

Da ni ce ke, da mutum biyar har da dattijuwa, ƙaramar mota zan ɗauka ta mu kaɗai da ɗan jagoranmu. Ki lissafa kuɗin kujera biyar a babban bas, ki ɗora abubuwan da ba su faɗa ba, za ki ga tazarar ba ta kai yadda kike tsammani ba. Wanda ya fi wannan ma, ku kwana ɗaya a Bayadolid, a taswira za ki ga an rubuta Valladolid. Tsohon gari ne da Sifaniyawa suka kafa a 1543, kilomita 40 da 'yan kai daga kufan. Masu yawon yini guda minti talatin ake ba su a dandalin garin su ɗauki hoton cocin San Serbasiyo su koma mota, alhali da yamma ne garin ke da daɗi.

Idan kun shiga, dalar Kukulkan, wani dogon ginin dutse mai hawa-hawa, ce za ta fara tare muku ido. Tsayinta wajen mita 30 har da ɗakin da ke samanta. Matakala huɗu gare ta, kowace da taka 91, idan aka haɗa da dandamalin sama sun zama 365, adadin kwanakin shekara. Ki sa yaran su yi lissafin da kansu kafin ɗan jagora ya faɗa. Su kuma tsaya daidai gaban matakalar su tafa hannu, za su ji amsa-kuwwar ta dawo da wani siririn sauti irin na tsuntsu, wanda mutanen wurin ke cewa kukan ketsal ne. Wajen 20 ga Maris da 22 ga Satumba, lokacin da dare da rana ke daidaita, inuwar yamma kan sauka a gefen matakalar arewa tamkar maciji yana gangarowa ya haɗu da kan macijin dutse da ke ƙasa. Ba za ku riski wannan ba a Afrilu, kuma ban ji muku ba, don ranar ba a samun wurin sa ƙafa. An daɗe da hana hawa dalar, wanda ya ƙetare igiya tara ce da kamu, saboda haka Hajiya ba ta rasa komai ba. Filin a shimfiɗe yake, ki dai riƙe mata lema da ruwa.

Ni abin da ya fi tsaya min a rai filin ƙwallo ne. Tsawonsa mita 168, shi ne mafi girma da aka samu a duk yankin, bango biyu dogaye suna fuskantar juna, kowane da zoben dutse can sama wajen mita shida. Ƙwallon roba ce mai nauyi, da ƙugu ake bugunta. A jikin bangon akwai sassaƙen wani ɗan wasa a durƙushe an sare masa kai, macizai suna fitowa daga wuyansa a madadin jini. Nan ne 'yan jagora ke sakin baki. Wani zai rantse miki wanda ya ci wasa ake yankawa don girmamawa, na gaba da shi ya ce wanda aka cinye ne. Masana kansu ba su daidaita a kai ba, don haka ki saurara da kunne ɗaya. Ki nemi mai katin shaidar hukumar yawon buɗe ido a rataye a wuya, su sun fi kame baki.

Daga dandalin akwai tsohuwar hanya ta wajen mita 300 zuwa rijiyar da Mayawa suka ɗauka mai tsarki, inda a da ake jefa hadaya ga Cak, abin bautarsu na ruwan sama. Wani Ba'amurke, Edward Thompson, ya yashe ta daga 1904, ya fito da zinariya da duwatsu masu daraja da ƙasusuwan mutane, akasarin kayan suka tafi gidan tarihi na jami'ar Harvard. Ba a wanka a wannan, ruwan kore ne shar. Hanyar kuma cike take da 'yan tebur suna busa wani usur mai gurnanin damisa suna kiran "dala ɗaya", wadda idan kin tsaya za ki tarar ba kuɗin abin da kika nuna ba ne. Hajiya ta zauna a inuwa ku je ku dawo.

Sai ruwa. Arewacin Yukatan dutsen farar ƙasa ne mai ramuka, ruwan sama ba ya tsayawa a kai, zurarewa yake yi ƙasa, shi ya sa babu kogi a sarari. Inda rufin kogo ya rufta ruwan ya bayyana, shi ake kira senote, kuma akwai dubbansu. Wadda aka fi kai mutane ita ce Ik Kil, 'yan mintuna daga kufan. Daga baki zuwa fuskar ruwa mita 26 ne, saiwoyin itatuwa na reto daga sama, zurfin ruwan ya haura mita 40. Ki lura da wannan adadi saboda 'yar shekara bakwai: babu gefen da ƙafa ke taɓa ƙasa. Rigar ceto dole ce ga kowa, kuma ki ɗaure mata da hannunki, kada ki saki ido ko da maigida ya ce ya iya ruwa. Matakalar sauka a jiƙe take kullum, ga santsi. Hajiya kada ta gwada, akwai wurin leƙawa daga sama. Ruwan da sanyi, da ƙananan tarwaɗa baƙaƙe da ba sa cizo.

Za a sa ku watsa ruwa kafin ku shiga, kuma ba a yarda da man shafawa ko man kare fata daga rana ba, don ruwan nan shi ne ruwan shan yankin. Wannan doka ta yi mana rana, domin mata da yawa, har Turawa, riga mai dogon hannu suke sawa. Ki sayi kayan iyo na Musulmi tun daga Atlanta, riga da wando da hula na yadin da ba ya shan ruwa. Ni da su na shiga, babu wanda ya ce min uffan. Abaya ko dogon hijabi kuwa kada ki kuskura, suna jiƙewa su yi nauyi su naɗe ƙafa. Kuma in gaya miki gaskiya, wurin gauraye ne maza da mata, da yawa da 'yan kamfai kawai, da rana tsaka kuma ba masaka tsinke. Idan wannan zai dame ku, ga wata fa'idar motar kanku: ki ce direba ya kai ku ɗaya daga cikin ƙananan rijiyoyin da ke kewayen Bayadolid da wuri, kafin bas-bas su iso.

Abinci ne inda za ki buɗe ido sosai. Abin alfaharin Yukatan, kocinita pibil, naman alade ne, haka pok cuk. Wanda ya fi ɓuya shi ne kitsen alade da ake soya dakakken wake da shi, har cikin wainar masarar da ake cusa wa wake. Ki haddace kalmomi huɗu: "sin puerco, sin manteca", wato ban da alade, ban da kitsensa. Kifi gasasshe, ƙwai, wainar masara zalla, kwaɗon piya da 'ya'yan itace za su riƙe ku. Kaza da talotalo suna nan, amma ba yankan Musulmi ba ne, ke da maigida kun san matsayarku a kai. Ki zuba dabino da biskit da gyaɗa a jaka. Kilishi da dambun nama ki bar su a gida, ana ƙwace nama a filin jirgi. Barkonon habanero da ake ajiyewa a tebur, ko Hajiya ta fara da kaɗan.

Sallah ba wuya. Matafiya ne ku, ku yi kasaru ku haɗa azahar da la'asar a wurin cin abinci ko harabar senote, inda akwai famfo da ciyawa. Alƙibla daga can arewa maso gabas take. A cikin kufan kuwa ban ba ki shawarar shimfiɗa darduma ba, masu gadin suna da tsauri a kan duk abin da ya yi kama da ibada a wurin.

Abu na ƙarshe, kuma ki fara da shi kafin ki biya ko sisi: fasfon Hajiya. Meziko na barin mai bizar Amurka ya shiga ba tare da tata bizar ba, amma sai bizar tana da rai kuma ta shiga da fita sau da yawa ce. Idan ta shiga sau ɗaya ce aka ba ta, ku tuntuɓi ofishin jakadancin Meziko da kamfanin jirgi tukuna, har da batun komawarta Amurka.

TAMBAYA: Anti, ina gaisuwa. Wai da gaske ne Mayawa ɓacewa suka yi rana ɗaya, ba a san inda suka shiga ba? Daga wani ɗalibi, Zariya.

AMSA: Ɗana, ba su je ko'ina ba. Direban da zai kai ka Cicen Itza da matar da ke sayar da riga mai ado a bakin ƙofa, mai yiwuwa da Mayanci suka yi sallama da iyalinsu da safe. Ƙidayar Meziko ta 2020 ta samu sama da mutum dubu 770 masu jin Mayancin Yukatan, ban da miliyoyin da ke Gwatamala da nasu harsunan.

Abin da ya faru shi ne manyan biranen kudu, irin su Tikal, sun watse a wajen ƙarni na 9, sanadin fari mai tsawo da yaƙe-yaƙe da ƙasar noma da ta gaji. Lokacin ne ma Cicen Itza ke tashe a arewa. Da Sifaniyawa suka zo a ƙarni na 16 sun tarar da garuruwa da sarakuna, Tulum da ke bakin teku ma da mutane a cikinta. A 1562 wani limamin coci, Diego de Landa, ya tara littattafansu a garin Mani ya cinna musu wuta, yau guda huɗu kacal suka rage a duniya. Birninsu na ƙarshe mai cin gashin kansa, Nohpeten, bai faɗi ba sai 1697. A 1847 kuma suka yi tawayen da ya kusa korar masu mulki daga Yukatan baki ɗaya, sojojin Meziko ba su karɓe hedikwatarsu ba sai 1901.