Belin wanda ake tuhuma da taɓa ɗan Dalit: abin da na gani a kotunan Indiya

Wa alaikumus salam. Malam, ka ce ka ji wai a Indiya duk wanda ya taɓa ɗan Dalit (mutanen da al'adar bambancin asali ta can ta ajiye a matakin ƙarshe) ba ya samun beli, sai kuma ga labarin an saki wanda ake tuhuma da kisa. Kowannensu da gaskiya a cikinsa. A jihar Maharashtra na yi karatun shari'a, kuma na yi watanni ina bin wani lauya kotu ina riƙe masa fayil.

Beli iri biyu ne a can. Akwai wanda mutum ke nema tun ba a kama shi ba, don kada ya kwana a hannun 'yan sanda. Shi ne dokar 1989 mai kare 'yan Dalit da ƙabilun Adibasi ('yan asalin ƙasar) ta toshe a sashe na 18. A watan Maris 2018 kotun ƙoli ta sassauta, ranar 2 ga Afrilu zanga-zanga ta ɓarke har aka rasa rayuka, majalisa ta mayar da haramcin da sabon sashe na 18A. A 2020 kotun ta amince da shi, sai dai ta bar 'yar kafa: in ƙorafin kansa bai nuna laifin da dokar ke nufi ba, ana iya bayarwa. Nan lauyoyi ke kokawa, domin zagin asali, alal misali, sai an yi shi a idon jama'a yake shiga dokar.

Belin bayan kamu kuwa ba a hana shi ba, ko da kisa ne. Alƙali na duba girman laifin, da ƙarfin hujja, da tsawon zaman mutum a tsare, da yiwuwar ya gudu. In 'yan sanda suka wuce kwana 90 ba su shigar da takardar tuhuma ba a babban laifi, beli ya zama haƙƙinsa in ya nema.

Amma ni a ganina maganar duk tana wurin shaidu. Wanda aka kashe da wanda ake tuhuma galibi ƙauyensu ɗaya. Sau da yawa shaidan da zai tsaya gaban alƙali a gonar dangin wanda ake tuhuma yake ƙwadago, a shagonsu yake cin bashi. Ka saki mutumin ya koma ƙauye, ba sai ya buɗe baki ba. Zamansa a bakin hanya ya isa shaida ya ce ya manta. Shi ya sa gyaran da ya fara aiki a 2016 ya kawo sashe na 15A, wanda ya wajabta a sanar da wanda aka zalunta ko iyalinsa zaman belin, a kuma saurare su. A 2021 kotun ƙoli ta soke belin da babbar kotun Rajasthan ta bayar a shari'ar kisa saboda ba a yi hakan ba.

Ba na manta wata tsohuwa da aka kashe wa ɗa. Tun safe tana zaune a kan benci a barandar kotu, takardar sanarwa a ninke a ɗaure a bakin sarinta (zanen matan Indiya), ba ta iya karanta ta ba. Da aka kira shari'ar ta miƙe, muryarta na rawa, ta ce abu ɗaya take roƙo, kada a bar shi ya dawo ƙauyen, ɗanta na biyu ne shaida. Mu muke kare wanda ake tuhuma, amma wallahi jikina ya yi sanyi. Alƙali ya ba da belin da sharaɗin kada ya taka gundumar sai ranar shari'a, kuma duk mako ya sa hannu a caji ofis.

Tana da damar ɗaukaka ƙara zuwa babbar kotu cikin kwana 90. Lauyan gwamnati ya tsaya a baranda yana yi mata bayani, ita kuwa tambayarsa take ƙarfe nawa motar ƙauyensu ta ƙarshe ke tashi.