Amsa ga ƙanena na Bagalam mai son zuwa Faransa wasan fim

Ƙanena, saƙonka ya iso. Ka ce kana shekarar ƙarshe a jami'ar Dan Dicko Dankoulodo ta Maraɗi, kana wasan kwaikwayo da ƙungiyar samarin unguwa, kuma kai ba jarumta kake nema ba. So kake ka zama irin ƴan wasan nan da ake ba matsayin uba ko limami ko direban tasi, waɗanda kowa ya san fuskarsu ko da bai riƙe sunansu ba. Ka tambaye ni ko ka taho Faransa ka gwada sa'arka. Aikina a nan Faris shi ne ɗaura fitilu da jan kayan dandali a gidajen wasa, don haka kullum ina cikin masu wannan sana'a, kuma zan amsa maka da labarin wanda ya fi kowa cin nasara a cikinta daga yankinmu, wato marigayi Sotigui Kouyaté.

An haife shi a Bamako a 1936, ya tashi a ƙasar da yau ake kira Burkina Faso. Ɗan gidan Kouyaté ne, zuriyar maroƙan sarakunan Mande, masu riƙe tarihi da baki tun kaka da kakanni. Ya buga wa ƙasarsa ƙwallon ƙafa kafin ya shiga wasan kwaikwayo a 1966. Mu ƴan Nijar muna da rabo a tarihinsa, don ya fito a finafinan Moustapha Alassane a farkon shekarun 1970. Ya yi kusan shekara ashirin yana wasa a Wagadugu da kewaye, ba wanda ya san shi a Turai, sannan Peter Brook, babban mai shirya wasan dandali ɗan Ingila da ke zaune a Faris a lokacin, ya aika masa. A 1985 ya hau dandali a garin Avignon na Faransa cikin Mahabharata, wasan da ke cin awa 9, a matsayin dattijo Bhishma. Lokacin yana dab da shekara 50.

Ka lura da wannan sosai, domin nan maganata take: kiran sa aka yi. Bai sauka a filin jirgi da jaka yana neman wanda zai gano shi ba. Abin da Brook ya nema a wurinsa ba a koyar da shi a makarantun Faris. Mutum ne dogo siriri, in ya tsaya shiru a dandali sai idon jama'a ya bar mai magana ya koma kansa. Ya san inda ake ja wa magana linzami, ya san yadda dattijo ke zama, ya san yadda ake ba da labari ga taron da bai yi niyyar saurare ba. Duk daga gidan ubansa ya zo da su. Tsofaffin ma'aikatan da suka yi zamani da shi a gidan wasan Bouffes du Nord har yau da girmamawa suke ambaton sa.

To amma dubi yadda fim ya yi da shi. Shekaru ya yi yana karɓar ƙananan matsayi, minti biyar a nan, minti goma a can. Babbar kyautarsa ta zo ne a watan Fabrairun 2009, a bikin finafinai na Berlin, inda aka zaɓe shi gwarzon ɗan wasa saboda London River na Rachid Bouchareb. A ciki ya fito a matsayin wani uba Musulmi da ya je Landan neman ɗansa bayan harin bama-baman 2005. Shekararsa 72 a lokacin, ga rashin lafiya. A watan Afrilun 2010 Allah ya karɓi ransa a Faris. Wannan fa shi ne wanda ya dace.

Akwai waɗanda ba su dace ba, kuma ɗaya tamu ce. Zalika Souley, wadda ta buɗe wa matan Nijar ƙofar fim tun shekarun 1960, da harkar ta mutu a gida sai ta tafi Amurka, ta ƙare da aikatau a gidajen mutane. Ta rasu a 2021. Ba don in zubar mata da mutunci na kawo ta ba, Allah ya jiƙanta. Na kawo ta ne don ka san cewa suna ba ya ƙetare teku da kansa.

Yanzu ga yadda ranar ƙaramin ɗan wasa take a nan. Mafi yawa da cika wuri suke farawa, su ne taron kasuwa, su ne fasinjojin bas, ba su cewa uffan. Ka tashi da asuba, ka wuni cikin sanyi kana jira, a ɗauke ka na daƙiƙa kaɗan, wataƙila ma a yanke wurin. In Allah ya sa ka samu wakili, shi zai riƙa tura ka gwaji, ya cire kashi 10 cikin ɗari na abin da ka samu. Faransa tana da tsarin tallafa wa ma'aikatan wasa a watannin da babu aiki, amma sai ka tara awa 507 cikin wata 12, kuma da cikakkun takardu. Wanda ba shi da takardar zama, ko sunansa ba za a rubuta ba. Ɗalibi kuma an ƙayyade masa awa 964 na aiki a shekara, kuma yawanci a wanke-wanken gidan abinci ko gadi suke ƙarewa, don kuɗin ɗaki ba ya jira.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne irin matsayin da ake miƙo wa baƙar fata mai karin harshen Afirka: ɗan gudun hijira, mai gadi, mai sayar da ƙwaya, boka, ɗan ta'adda. A 2018 ƴan wasa mata baƙar fata 16, Aïssa Maïga na gabansu, sai da suka fitar da littafi suka kuma tsaya tare a bikin finafinai na Cannes suna kokawa da wannan hali, alhali da yawansu a nan suka girma. Kai da ka taso a gidan malamai, wata rana za a miƙo maka takarda a ce ka yi kabbara ka tashi bam, ga kuɗin haya na wata biyu a ciki. Na ga yaran kirki sun karɓa don yunwa, suna ɓoye fim ɗin kada iyayensu su gani. Tun kana gida ya kamata ka san abin da ba za ka yi ba, kuma wanda yake da wata sana'a a hannu ne kawai ke iya cewa a'a.

Batun biza ma ka san halin da ake ciki tun juyin mulkin Yulin 2023, ofishin jakadancin Faransa a Yamai an rufe shi a farkon 2024. Hanyar hamada ta Agadas kuwa, don girman Allah ka cire ta daga ranka.

Ba cewa nake ka bar wasa ba. Ina so ka ci gaba, kuma ina ganin kana zaune kan abin da ba ka san darajarsa ba. Ka je filin kokawa ka ji yadda ɗan kokawa ke kirari kafin ya shiga. Ka zauna kusa da dillalan kasuwa ka ga yadda hannu ke gama ciniki baki bai buɗe ba. Ka kalli yadda dogari ke tafiya a ƙofar fada, da yadda tsohuwa ke sauya murya in ta kai ga Gizo a tatsuniya. Ka nemi tsofaffin wasannin su Yazi Dogo ka yi ta kallo. Wanda zai fito a matsayin mutane iri-iri dole ya tara mutane a cikinsa, kuma Maraɗi ba ta rasa su ba.

Ka gama karatunka tukuna. Bayan haka Kano ba nisa, daga Ɗan Issa sai Jibiya sai Katsina, kuma can ne ake fim da harshenka kowace rana, za ka koyi tsayuwa gaban kyamara ko da ƙaramin matsayi ne. Ka yi ƙoƙari ka halarci FESPACO a Wagadugu, bikin finafinan Afirka da ake yi tun 1969, wanda Oumarou Ganda namu ya fara cin babbar kyautarsa a 1972. Masu neman ƴan wasa daga Turai suna zuwa can. Ka gyara Faransancinka, ka ƙara da Ingilishi. In wata rana gayyata ta zo da kwantiragi a rubuce, ka taho, ni zan tarbe ka a filin jirgi, ɗakina kuma naka ne har ka tsaya da ƙafarka.

Kafin nan, ka sa wani ya ɗauke ka da waya kana wasa, minti uku ya isa, a wuri mai haske ba hayaniya, ɗaya da Hausa ɗaya da Faransanci. Ka turo mini ta WhatsApp, akwai wata mai shirya wasa da nake aiki da ita, zan roƙe ta ta duba ta faɗa maka gaskiya. Ka gaishe mini da Baba da Inna, ka kuma nuna musu wannan wasiƙa.