Amsa ga 'yar'uwar da banki ke shirin yin gwanjon gidansu

Wa alaikumus salam 'yar'uwa, Allah ya kawo mafita. Kin ce maigida ya jinginar da gidanku ya ci bashi, aiki ya tsaya, ga takardar banki ta iso, kina tambaya ko kotu za ta hana a sayar. Ni ba lauya ba ne, amma mun sha wannan ruwan da yayana a kan gidansa na Tumfure a Gombe, ni ne kuma ɗan aiken da ya yi ta zirga-zirga da fayil.

Kotu ba ta yafe bashi, lokaci take sama wa mutum, shi ma sai an je mata da wani abu a hannu. Ranar farko yayana ya zauna yana lissafa wa lauya yara bakwai da tsohuwa a gida. Lauyan ya bari ya gama, sannan ya ce nawa za ku iya ajiyewa? Ashe a ƙa'ida alƙali ba ya dakatar da gwanjo don kawai kana jayayya da lissafi, yawanci sai ka zuba abin da banki ke nema a asusun kotu. Fili muka sayar a Kumo, dangi suka yi karo-karo, da kuɗin muka tunkari banki.

Kafin komai ki sa maigida ya nemo takardar da ya sa wa hannu. In takardar mallakar gidan kawai ya miƙa suka ajiye, banki ba shi da ikon sayarwa sai da umarnin kotu. In kuwa cikakkiyar jingina ce mai rajista, suna iya sayarwa ba tare da sun ga alƙali ba, amma da sharaɗi. Tsohuwar dokar Ingila ta 1881, wadda har yau ake aiki da ita a jihohin Arewa, ta ce sai an ba da sanarwa an jira wata 3, ko kuɗin ruwa ya yi wata 2 ba a biya ba. Sai dai bankuna da wayo, sukan rage wa'adin a cikin yarjejeniyar, can cikin ƙananan rubutun da ba mai karantawa.

Za a ce miki a duba ko akwai amincewar gwamna, don Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta wajabta, kuma Kotun Ƙoli ta rushe wata jingina a 1989, a shari'ar Savannah Bank da Ajilo, saboda rashinta. A duba a GOGIS, hukumar rajistar filaye ta Jihar Gombe, ba laifi. Amma kada ku ɗora rai a kai, alƙalai ba sa son wanda ya ci kuɗi ya dawo yana fakewa da takardar da shi ne ya kamata ya nemo.

Abin da ya cece mu lissafi ne. Mun nemi cikakken bayanin asusun a rubuce, wani akawu ya zauna a kai, sai ga caje-caje da ba su cikin yarjejeniya. Da wannan lauya ya shiga Babbar Kotun Jiha, ba kotun shari'ar Musulunci ba, inda yayana ya so zuwa don a yi maganar riba. Da banki ya ga ƙara ga kuɗi a ƙasa, shi da kansa ya nemi sulhu. Aka sake tsara biya, alƙali ya sa hannu.

In babu kuɗin lauya, ku je Hukumar Ba da Tallafin Shari'a, tana da ofishi a jiha. Kuma ku yi yanzu, tun ba a buga ƙararrawa ba, don in an sayar wa wanda ya saya da gaskiya, ƙwatowa sai an tabbatar da haɗin baki ko farashin wulaƙanci. Ko an sayar ɗin, rarar kuɗin bayan an cire bashi taku ce, ku bi ta.

Ba ki faɗa mana ba, bashin na Asusun Gidaje ne da ake cire wa ma'aikata kashi 2.5 na albashi, ko na bankin kasuwanci?