Jirgin ruwan Aswan zuwa Luksor da tsohuwa mai ciwon ƙafa: amsata ga 'yar uwa

Salam 'yar uwa. Tun daren jiya na ga tambayarki, cewa wani ejen ya kawo miki shiri, a ɗauke ku a mota daga Alkahira zuwa Aswan, ku shiga jirgin ruwa ya gangaro da ku Luksor, daga nan a sake mota zuwa Hurgada sannan a maido ku Alkahira, kuma ke da Hajiyarki ce da ta gama ganin likitan gwiwa, ga ciwon suga, kina tambaya ko za ta iya. Wallahi ina karantawa gabana ya faɗi, don irin takardar nan sak aka miƙa mana, mu ma da tsohuwa, mu ma bayan asibiti. Na ga wasu sun ce miki ki je kawai akwai daɗi. Eh akwai daɗi, ba ƙarya suka yi ba, amma na tabbata ba da mai ciwon ƙafa suka je ba.

Ruwan ba shi da matsala ko kaɗan. Nilu a wannan ɓangaren kwance yake lumui, jirgin ba ya jijjiga, ba amai ba jiri, Mama da ke tsoron ko kwalekwale sai da ta saba tana zama a sama tana jan carbinta tana kallon gonakin rake da dabino da yara suna ɗago mana hannu daga bakin gaɓa. Abin da zai wahalar da ku motar ce, da wuraren da ake miƙa ku daga hannun wani zuwa hannun wani. A nan ake zubar da mutum.

Alkahira zuwa Aswan kusan kilomita 900 ne fa. Shi namu ejen ɗin ce mana ya yi babbar bas ce mai sanyi mai banɗaki a ciki, kujera tana kwantawa, Hajiya barcinta za ta yi har a isa. Da bakinsa ya ce Hajiya uwata ce, ba zan bari ta sha wahala ba. Kuma abin da ya fi ƙona min rai har yau, ɗan gida ne, da Hausarsa, wani ne ya haɗa mu da shi a harabar asibiti, har masaukinmu ya zo ya durƙusa ya gaida Mama ta sa masa albarka. Da daddare sai ga ƙaramar bas irin ta haya, an cika ta dam, kayan mutane har kan ƙafafu. Na kira shi ya ce wannan za ta kai mu inda babbar take ne. Babu wata babba 'yar uwa. A cikin wannan motar muka kwana, gwiwar Mama a lanƙwashe ba wurin miƙewa, direba ba ya tsayawa sai inda ya ga dama, mai suga kuma kin san yadda fitsari yake matsa mata, tana jin nauyin magana a gaban maza sai dai ta matse hannuna. Kafin gari ya waye ƙafarta ta kumbura har takalmin ya ƙi shiga.

Duk wannan da sauƙi a kan abin da muka tarar a Aswan. Direba ya sauke mu a bakin kogi inda jirage suke jere ya ce ga shi nan, ya ja motarsa. Ba wanda ya zo tarbarmu. Su jiragen nan ba ɗaya bayan ɗaya suke tsayawa ba, gefe da gefe ake ɗaure su, uku huɗu wani lokaci fiye, sai kin ratsa ta cikin na farko da na biyu kafin ki kai naki, kuma tsakanin kowanne akwai ɗan tsallake. Na bar Mama zaune a kan akwati na shiga ina ratsawa ina nuna sunan jirgin a waya, na samu namu can ƙarshe, mutumin da ke kan teburin karɓar baƙi ya duba takardarsa ya sake dubawa ya ce sunanmu yana nan amma kafin alƙalami kawai aka biya, ba zai ba da makulli ba sai an cika. Mu kuwa mun biya ejen kuɗinsa cas tun a Alkahira, dala a hannu. Na kira shi tana shiga ba ya ɗauka, na sake kira, na sake, daga baya ma wayar a kashe. Na tura saƙo a WhatsApp alama ɗaya. Na fito na hango Mama daga nesa, rana ta fara zafi, ta cire mayafinta ta lulluɓe 'yar kular da muke sa allurar insulin saboda ƙanƙarar ta riga ta narke tun a hanya, ita ba ta kanta take ba, ta maganin take. Ba ta ce min komai ba, ko tambaya ba ta yi ba, ta dai dube ni ta ce kin ci wani abu kuwa? A nan na fashe da kuka a tsakiyar titi, mutane suna wucewa suna kallona. Matar da aka yi wa aiki a gwiwa, da likita ya ce kar ta daɗe ƙafa a rataye, ita ce zaune a kan akwati a garin da ba mu san kowa ba. Wani dattijo Banube, ɗan ƙabilar Nuba ta yankin, mai kwalekwalen filafilai shi ya ɗauko mata kujerar roba ya kai ta inuwa, ya aika yaro ya kawo zoɓo mai sanyi ba suga da na yi masa bayani da guntun Larabcina, ya karɓi kular ya kai wani shago aka sa a firij. Ko sisi bai karɓa ba. Allah ya saka masa da Aljanna. Shi kuwa wancan ejen, sai da ƙanina da ke karatu a Azhar ya bi shi har inda yake zama sannan ya turo cikon, bayan azahar, kuma ko haƙuri bai bayar ba, cewa ya yi wai matsalar banki ce. Na bar shi da Allah, ban yafe ba, kukan da na yi ba komai ba ne amma zaman da ya sa uwata ta yi a ranar ban yafe ba.

Don haka kafin ki ba kowa ko dala ɗaya, ki ce ya ba ki sunan jirgin, ki nemi lambar jirgin da kanki ki kira ki ji ko sunanku yana nan kuma an biya duka. Sunan wanda zai tarbe ku a Aswan da lambarsa, irin motar da hotonta, duk a rubuce. In ya fara cewa haba Hajiya ba ki yarda da ni ba ne, to ki riƙe kuɗinki. Kuma kar ki biya duka lokaci ɗaya.

Ni in za ki ji tawa ma ki soke motar Alkahira zuwa Aswan gaba ɗaya. Jirgin sama awa ɗaya da rabi ne kin sauka. In kuɗin ya yi yawa akwai jirgin ƙasa na kwana mai gado, ɗaki na mutum biyu, ana kawo abincin dare da na safe, yana cin fiye da awa 12 amma Hajiya a miƙe za ta kwana ga banɗaki kusa. Baƙi farashinsu daban da na 'yan ƙasa, ki sani.

Ɗakin da za a ba ku a jirgin ma ki yi magana tun yanzu. Yawancinsu babu lif, matakala ce, ɗakin cin abinci yana ƙasa, wurin shan iska yana can sama. Ki ce kina son ɗaki a hawan da ƙofar shiga take, kuma nesa da baya inda injin yake, don ƙararsa da warin mai ba sa barin mutum barci. Kar ki yi mamaki in kin buɗe labule da daddare kin ga tagar wani jirgin a gabanki maimakon ruwa, haka abin yake in an tsaya, kuma tsayuwar ta fi tafiyar yawa. Daga Aswan zuwa Luksor kwana 3 ake yi, in daga Luksor za a haura Aswan kwana 4. Abinci ba ki da damuwa, akwai shinkafa da kaza da kifi da ganye, sai dai kayan zaƙin da suke jerawa ki sa ido a kan Hajiya. Ruwan sha ba ya cikin kuɗin, a jirgi tsada yake, ki sayi katan a gari ki shiga da shi. Akwai mashaya a ciki kuma akwai daren da suke kiɗa da rawa, mu dai ɗakinmu muke shigewa ba wanda ya takura mana. Alƙibla kuma tana juyawa da jirgin, ki riƙa dubawa a waya kafin kowace salla, ko ki tambayi ma'aikatan, mafi yawansu masallata ne.

Sai maganar Abu Simbel, na san yana cikin takardarki don ba sa barinsa. Kilomita 280 ne kudu da Aswan, ana tashi wajen ƙarfe 4 na asuba, awa uku da wani abu a cikin hamada, ki yi kamar awa biyu a can, a sake awa uku a dawo. Wurin abin mamaki ne ba musu, gumakan Fir'auna Ramsis na biyu guda huɗu a jikin dutse, kuma wai duk girman nan yanka shi aka yi gunduwa-gunduwa aka ɗaga shi sama tsakanin 1964 da 1968 don kar ruwan babbar madatsar Aswan ya cinye shi. Ni na je, Mama na bar ta a jirgi ta huta kuma ban yi nadama ba. Ke ma ki bar Hajiya, in akwai mai zama da ita. Daga inda mota ke tsayawa zuwa gaban ginin tafiya ce a rana.

A cikin tsofaffin gine-ginen zamanin Fir'auna da ake kai mutane, wanda za ta iya shi ne Kom Ombo, don jirgi a gindinsa yake tsayawa, 'yan taku kaɗan ne, ga ɗan gidan tarihi na kadojin da aka busar tun zamanin Fir'auna, Mama ta daɗe a wurin tana salati. Edfu da sassafe ake fita a keken doki, hawansa da tsayi, masu dokin kuma ga rigimar kuɗi, ki tabbatar ɗan jagoranku ne zai biya su. Filae sai an shiga ƙaramin jirgi mai inji zuwa tsibiri, wurin shigar da santsi, sai da maza biyu suka riƙe ta. A Luksor, Kwarin Sarakuna akwai 'yar motar lantarki daga ƙofa, amma kaburburan gangara ne cikin ƙasa da zafi, tikiti ɗaya kabari uku, na Tutankamun da aka gano a 1922 kuɗinsa daban. Karnak faɗi gare shi sosai, ki nemi keken guragu. Ni abin da ya fi tsaya min a rai masallacin Abul Hajjaj ne da ke cikin tsohon ginin Luksor, a kan ginshiƙan Fir'auna aka ɗora shi kuma har yau ana salla a ciki. Af, ki tambaya ko kuɗin shiga wuraren nan yana cikin abin da kika biya, mu ce mana aka yi komai da komai, muka je ƙofa aka ce mu biya, kuma yanzu yawancin wuraren da kati ake biya ba sa karɓar tsaba, ki gwada katinki tun a Alkahira ki ga yana aiki.

Ki kuma tambayi ejen ɗin maganar Isna. Akwai wata ƙofar ruwa a can da jirgi ke shiga a rufe, a rage ruwan ya sauka ƙasa sannan a buɗe gaba ya wuce, ana yin layi wani lokaci a daɗe, 'yan talla a kwalekwale suna jefo jallabiya da tawul a leda har saman jirgi, in kina so ki sa kuɗi a ledar ki jefa musu. Akwai lokutan da ake rufe ƙofar don gyara, sai jirgi ya tsaya a Isna a kwashe mutane a bas zuwa Luksor, kin ga wata motar kenan da ba a faɗa miki ba.

Ba ki faɗi watan da za ku je ba. In daga Mayu zuwa Satumba ne ki haƙura, zafin Aswan yana wuce digiri 40, kar ki ce ai mun saba da na gida, a gida ba yawo muke a kan duwatsu da tsakar rana ba. Daga Nuwamba zuwa Fabrairu ya fi, amma da daddare a kan ruwa akwai sanyi sosai, ki ɗaukar mata suwaita da safa. Ki canza ƙananan kuɗi da yawa saboda bakshish, wato tukuici, mai ɗaukar jaka, mai banɗaki, direba, kowa yana jira, ma'aikatan jirgi kuma a ƙarshe ake haɗa musu a ambulan.

Hurgada kam mu ba mu je ba, Mama ta ce ita ta gaji da mota, ni ma ban ja ba. Awa huɗu ne ko fiye daga Luksor ta Kina da Safaga, sannan ga wata doguwar hanyar zuwa Alkahira, duk don a ga teku, ita Hajiya me za ta yi da iyo? Daga Luksor muka hau jirgin sama muka koma, kuɗin Hurgadan kuma har yau ejen ɗin bai dawo mana da shi ba. In kun koma Alkahira da sauran ƙarfi ki kai ta gidan tarihin da ke Fustat inda aka mayar da gawarwakin Fir'aunonin a 2021, ƙasa a shimfiɗe take, keke yana shiga ko'ina.

Kuma don Allah ki nuna wa likitanta shirin kafin komai, ya faɗa miki awa nawa za ta iya zama a mota. Ki ɗauki hoton takardar da ejen ɗin ya ba ki ki turo min ta akwatin saƙo in duba miki layi-layi, in sunansa ya yi daidai da wanda nake zargi zan faɗa miki a can ba a nan ba. Ki gaida Hajiya da jiki, Allah ya ƙara sauƙi ya sa kaffara ne.