Batun ƙawarki mai son barin gida

Ɗiyata na ga saƙonki, kin ce ƙawarki 'yar shekara 17 ta gaji da azabar matar babanta tana so ta tattara kayanta ta fice ba sallama, kina tambaya ko za a kama ta. Toh ki saurara da kyau.

Fitar ita kanta ba a ɗaure yarinya a kanta, amma dokar haƙƙin yara ta 2003 duk wanda bai cika 18 ba yaro ta ɗauke shi, Kano ma an sa hannu a irin tata a 2023, kenan babanta na zuwa wajen 'yan sanda ko Hisbah ya ba da cigiya nemo ta za a yi, kuma galibi hannunsa za a damƙa ta. Wanda ya ɓoye ta shi ne zai shiga uku, balle in saurayi ne, a maka shi kotu a ce ya sace 'yar mutane, ya yi ta rantsuwa da ƙafarta ta zo ba mai sauraronsa.

Mu kuwa tun kaka da kakanni in gida ya yi wa yarinya zafi akwai inda take zuwa. Gidan kakarta ta wajen uwa, ko kawunta, ko goggonta, da rana tsaka kowa na gani, kawu ya saɓa babbar riga ya je ya sami uban a zaure a yi magana ta manya. In uban ya kafe a kai wa liman ko mai unguwa, in abin ya gagara a je Hisbah sulhu ko kotun shari'a, ai a Malikiyya riƙon 'ya mace bayan uwa kakar wajen uwa ke gaba, ci da sutura kuma suna wuyan uba har ta tare gidan miji, ko a ina take zaune. In ta gudu a ɓoye neman duk wannan haƙƙin zai yi mata wuya, ga baƙin suna a gari.

Abin da ke hana ni barci tashar mota ce wallahi, matan nan masu daɗin baki da alƙawarin aikatau a Legas ko Libiya ta Agadas, irin waɗanda NAPTIP, hukumar yaƙi da safarar mutane, ke farauta kullum.

In akwai tabon duka a jikinta ki kai ta asibiti a rubuta, ku ɗau hoto ku ajiye. Sannan ki tambayar min ita waye babba a dangin mahaifiyarta, ni da kaina zan je in same shi.